Yadda mai tsaron tasha ta biyu yake fitar da 'yan wasa biyu a bugu ɗaya a wasan besbol

Idan akwai mai gudu a tasha ta farko, kuma waɗanda aka fitar ba su kai biyu ba, duk ƙwallon da aka buga a ƙasa dama ce ta fitar da mutum biyu lokaci guda: a kai ƙwallon tasha ta biyu kafin mai gudun ya isa, sannan a kai ta tasha ta farko kafin mai bugun ya isa. Tazarar da ke tsakanin kowace tasha da ta gaba ƙafa 90 ce, kuma ƙwararren mai bugu yakan cinye ta cikin daƙiƙa huɗu da 'yan kai, saboda haka duk abin da za a yi dole ne a gama shi cikin wannan ɗan lokaci.

Kai mai tsaron tasha ta biyu, kafin a jefa wa mai bugu ƙwallo, ka bar inda ka saba tsayuwa, ka matso taku kaɗan kusa da tasha ta biyu, domin ka riga ƙwallon isa wurin. Da zarar ka ga an buga ta wajen mai lamba 6, wato abokinka da ke tsakanin tasha ta biyu da ta uku, ko wajen mai lamba 5, wato mai tsaron tasha ta uku, sai ka ruga, amma ka rage sauri da gajerun taku yayin da kake kusantar tashar, don mai tsaron da ya iso a guje ba ya iya karkata idan jifar ta kauce.

Ka ɗora ƙafar hagu a kan tashar, ka ɗaga hannaye biyu daidai ƙirjinka, babban yatsa kusa da babban yatsa, domin abokinka ya ga inda zai auna. Kada ka yi motsi sai ka ga inda ƙwallon ta nufa. Sa'annan ka taka da ƙafar dama zuwa gare ta, ka karɓe ta, ka kai ƙafar hagu wajen tasha ta farko, ka jefa. Idan jifar ta zo da wuri, kana iya tsallake tashar zuwa gaba. Idan mai gudu ya riga ya iso kanka, ka ja baya, tashar ta zama kariya tsakaninku.

A wajen musayar ƙwallo daga safar hannu zuwa hannun jifa ne ake cin riba ko a yi asara. Kada ka damƙe ƙwallon a cikin safar. Ka bari ta bugi tafin safar, hannun dama ya riga yana jira a gefenta, ya ɗauke ta nan take ba tare da an saukar da hannaye ƙasa ba. Shi ya sa masu wannan matsayi suke amfani da ƙaramar safa marar zurfi. Bill Mazeroski na ƙungiyar Pittsburgh Pirates ta Amurka ya yi suna ne da wannan saurin hannu, har ya sa hannu a irin wannan fitarwa sau 161 a kakar 1966 kaɗai.

A ganina, kuskuren da ya fi yawa a wurin masu koyo shi ne tunanin jifa tun ba a kama ƙwallon ba. Ka tabbatar da fitar na farko tukuna, kuma ƙafarka ta taɓa tashar da gaske alhali ƙwallon tana hannunka, domin tun 2016 babbar gasar Amurka take duba wannan ta bidiyo. A shekarar ne kuma aka tsaurara dokar zamiyar da mai gudu yake yi a ƙasa don isa tasha, bayan karayar da Ruben Tejada na ƙungiyar New York Mets ya samu a ƙafa a 2015, lokacin da wani mai zamiya ya buge shi. Duk da haka, da ka saki ƙwallon ka ɗauke ƙafafunka daga hanyar mai zamiya, gwiwarka tana fuskantar tasha ta farko.

Idan kuwa ƙwallon wurinka aka bugo ta, aikin ya juya: in kana kusa da tashar, ka miƙa wa mai lamba 6 ita da jifar ƙasa-ƙasa daidai ƙirjinsa, ka janye safarka don ya ga ƙwallon sarai, in kana nesa, ka juya ƙugu ka jefa da ƙarfi.