Yadda ake samun takobin Moonveil a wasan Elden Ring, da yadda ake cin moriyarsa

Tun da kamfanin FromSoftware ya fitar da wasan bidiyo na Elden Ring a watan Fabrairun 2022, da wuya a yi hirar makaman wasan ba a ambaci Moonveil ba. Takobi ne siriri irin na mayaƙan Japan, wanda idan aka zare shi daga kube yake watso wani shuɗin haske mai sara daga nesa. Guda ɗaya tak ake samu a kowane zagaye na wasan, yana hannun wani dodo a ƙarƙashin ƙasa. Abin daɗin shi ne ba sai ka kayar da ko ɗaya daga cikin manyan sarakunan labarin ba kafin ka je ɗaukarsa. Abin takaicin kuma, mutane da yawa sukan sha wuya su ƙwato shi, su riƙa shi, su tarar bai fi sanda ba a hannunsu, saboda ba su shirya masa ba.

Mataki na farko: duba ko hannunka zai iya ɗaukarsa

Kafin ka hau doki, buɗe shafin bayanan jaruminka. Moonveil yana neman ƙarfi 12, ƙwarewar hannu 18, da basira 23. Basirar nan ita ce ƙashin bayan al'amarin, domin fiye da rabin ɓarnar takobin ta tsafi ce, ba ta kaifin ƙarfe ba. In ba ka cika sharuɗɗan ba, za ka iya riƙe shi, amma saran ba zai ci ba, hasken kuma ba zai yi maka aikin da ka zo nema ba.

Cikin nau'o'in jaruman da ake zaɓa a farkon wasa, wanda ya fara da Prisoner shi ya fi kowa kusa: yana farawa da ƙarfi 11, ƙwarewa 14, basira 14, wato ƙarin mataki 14 ke gabansa, tunda kowane matakin girma maki ɗaya yake bayarwa. Mai Samurai ya riga ya cika ƙarfi, amma basirarsa 9 ce, don haka sai ya ƙara mataki 17. Mai Astrologer ma 17 ne, sai dai akwai wata dabara a nan. Idan ka riƙe makami da hannu biyu, wasan yana ƙara wa ƙarfinka rabinsa. Astrologer yana farawa da ƙarfi 8, da hannu biyu ya zama 12 daidai. Ke nan zai iya barin ƙarfi yadda yake tukuna, ya zuba komai a basira da ƙwarewa.

Kada dai kwaɗayin takobi ya sa ka manta da rai. Ni a ganina duk wanda ma'aunin lafiyarsa bai kai 20 ba, ya dakata. Yankin da za a shiga ba ya wasa da rarrauna.

Mataki na biyu: tattara guzuri a Limgrave, yankin da ake fara wasan

Abu uku za su rage maka wahala, kuma dukkansu a kan hanya suke. Akwai layar Flamedrake, mai rage zafin wuta, wadda ake samu bayan an kashe dodon da ke ƙarshen kogon Groveside, arewa da cocin Elleh. Akwai ƙararrawar kiran kurwa, wadda mayya Renna ke bayarwa a cocin Elleh da dare bayan ka sami dokinka Torrent. Sai kuma tokar Skeletal Militiaman, wato kurwoyin da za ka kira da ƙararrawar su taya ka faɗa, daga hannun matuƙin kwalekwalen nan, Tibia Mariner, a ƙauyen Summonwater. Wasu ƙwarangwal biyu ne masu māsu, ba wani ƙarfi gare su ba, amma in an buge su sun zube sukan sake tashi, muddin ba a bi ƙasusuwan an ƙarasa ba. Aikinsu shi ne ɗauke hankalin dodo daga kanka.

Idan kai mai tsafi ne, yi ɗan ratse zuwa kangon Street of Sages da ke bakin fadamar Aeonia a Caelid, yankin da ke gabas da Limgrave. Sandar Meteorite tana can, haka ma tsafin Rock Sling a cikin akwati a ɗakin ƙarƙashin ƙasa. Dukkansu basira 18 suke nema. Ka zauna a kan doki gwargwadon iko, domin ruwan fadamar yana sa ruɓa mai cin rai.

Mataki na uku: hanyar ramin Gael

Ramin yana kan iyakar Limgrave da Caelid, kuma yana da ƙofa biyu. A nan ake yawan ɓata lokaci. Ƙofar da ke ɓangaren Limgrave ta baya ce, a kulle take daga ciki. Duk bugun da za ka yi ba za ta buɗe ba. Sai ka zagaya ta Caelid.

Daga Summonwater ka bi hanya gabas, ka haura har sararin sama ya fara yin ja. Za ka wuce kangon cocin Smoldering, inda wata mahara mai suna Anastasia kan faɗo wa matafiyi. In ba ka da niyyar faɗa da ita, kauce wa cocin. Ka taɓa zangon Rotview Balcony, ɗaya daga cikin wuraren hutawa masu haske na wasan, don ya zama wurin dawowarka, sannan ka yi kudu. Manyan karnuka masu ƙaton kai da hankaki masu girman gaske suna yawo a wajen. Kada ka tsaya gwada su, ka saki linzami kawai.

A bakin ramin akwai sojojin Radahn, babban jarumin yaƙin Caelid. Bayan su sai gangara mai zurfi, wadda ake sauka daki-daki, daga wannan tudu zuwa wancan. Juya kyamara ƙasa ka ga inda ƙafarka za ta sauka kafin ka yi tsalle. Akwai zango a ƙasa. Daga nan ka ratsa wurin haƙar, kana tsintar duwatsun ƙira masu ƙyalli a jikin bango, za su yi amfani nan gaba.

Ga abin da bai kamata ka tsallake ba: kafin ka shiga wurin dodon, nemi waccan ƙofar ta baya ka buɗe ta daga ciki. Akwai zango a bayanta, kuma yana dab da ɗakin faɗan. Duk lokacin da aka kashe ka, daga nan za ka tashi, ba sai ka sake ratsa sojoji ba. In ka taɓa ciro Alexander, jarumin tulun nan da ya maƙale a ƙasa a Limgrave, a nan za ka same shi yana jiran wanda zai buɗe masa hanya. Gaishe shi, akwai ranarsa.

Mataki na huɗu: faɗa da Magma Wyrm

Dodon kamar ƙaton damo yake, yana jan ciki, riƙe da lanƙwasasshen takobi, yana aman narkakken dutse. Matsalar ba ƙarfinsa kaɗai ba ce, ɗakin ne ya yi masa kaɗan, kai kuma ba ka da wurin gudu, ba kuma a hawa doki a ciki.

Harinsa mafi cin rai shi ne idan ya sunkuyar da kai ya taho a guje, wuta na zuba daga bakinsa ta ko'ina. Sabon shiga yakan juya baya ya ruga, dodon ya cim masa a jikin bango. Gefe za ka yi, da gudu, tun yana fara tahowa, ka bar shi ya wuce. Wani lokaci yakan juyo ya maimaita, don haka kada ka ɗaga gorar magani sai ka ga ya tsaya cak. Narkakken dutsen da ya bari a ƙasa yana daɗewa kafin ya huce, kuma duk taku a kansa rai ne ke tafiya. Sau da yawa ba takobinsa ke kashe mutum ba, ƙasan da mutum ya wuntsila a kai ce.

Saransa kuwa yana da jinkiri. Zai ɗaga takobin, ya riƙe shi sama kamar ya fasa, sannan ya sauke. In ka wuntsila da ganin ɗagawar, kana miƙewa saran zai same ka. Jira sai hannun ya fara saukowa. Bayan babban sara kansa yakan zauna a ƙasa na ɗan lokaci, kuma kan nan shi ne lagonsa. Yi tsalle ka sauke masa sara mai nauyi. In ka jera irin wannan ba tare da dogon hutu ba, zai durƙushe, sai ka matsa wajen kan ka yi masa sukar musamman. Mai Rock Sling aikinsa ya fi sauƙi: ƙwarangwal su riƙe dodon, shi kuma ya tsaya nesa yana jifan kai da duwatsu uku-uku, su ma suna durƙusar da shi. Makamin wuta kam a ajiye shi, ba ya jin sa.

Idan ya faɗi za ka sami Moonveil, da kuma zuciyar dodo wadda ake musanyawa da tsafin dodanni a majami'arsu.

Mataki na biyar: kai shi maƙera

Moonveil ba ya cin duwatsun ƙira na yau da kullum. Nasa su ne masu suna Somber, dutse ɗaya a kowane mataki, daga +1 har +10. Hewg, maƙerin Roundtable Hold, matattarar jaruman wasan, zai yi maka aikin, haka ma Iji, ƙaton maƙerin da ke zaune kan hanyar gidan sarautar Caria a arewa maso yammacin Liurnia. Iji yana sayar da duwatsun mataki na 1 zuwa na 4, ke nan da kuɗin wasan a aljihu za ka tashi daga gabansa da +4 a zama ɗaya. Ba a canja wa takobin fasaharsa, ba a kuma shafa masa maiko ko tsafin ƙarin ƙarfi, don haka kada ka ɓata kayanka.

Mataki na shida: yadda ake sara da shi

Fasahar takobin sunanta Transient Moonlight. Danna L2 ka riƙe a PlayStation, ko LT a Xbox, jarumin zai mayar da takobi kube ya tsaya a shirye. Daga nan zaɓi biyu ne. R1 ko RB yana fitar da haske a kwance, mai share abokan gaba da suka jeru a gabanka, yana cin 15 daga shuɗin ma'aunin tsafi. R2 ko RT yana saukar da shi a tsaye, daga sama zuwa ƙasa, ya fi nisa da nauyi, yana cin 20.

Yawancin mutane suna tsayawa nesa suna ta harba hasken har ma'auni ya ƙare. Asara ce. Idan ka matso kusa, kaifin takobin da hasken duka suna samun abokin gaba, sara biyu a farashin ɗaya, kuma a haka ne na tsayen yake saurin durƙusar da manyan mayaƙa masu sulke. Ƙari a kan haka, ƙarfen ne ke tara zubar jini, wanda in ya cika yake yanke wani babban kaso na ran abokin gaba lokaci guda. Hasken da aka harba daga nesa ba ya yin wannan. Tsarin da ya fi ci shi ne ka kauce wa hari, ka mayar da takobi kube, ka sauke na tsaye a kusa, ka bi da sara biyu na yau da kullum, ka ja baya. Ka tuna lokacin da kake tsaye da takobi a kube ba ka da kariya. In ka yi shi a gaban wanda ya riga ya ɗaga hannu, kai za a fara sara.

Tunda kowane haske da kuɗinsa, raba gorunanka a zango, ka ware aƙalla ɗaya ko biyu su zama shuɗaye masu cika ma'aunin tsafi, sannan ka riƙa ƙara wa hankalin jarumin (Mind, daban da basira) maki don ma'aunin ya tsawaita. Bayan ka shiga hidimar mayya Ranni, uwargijiyar Iji, Iji zai fara sayar da layar Carian Filigreed Crest, mai rage abin da fasaha ke ci. Alexander kuma, in ka bi labarinsa har Farum Azula, wani yanki da ke kusa da ƙarshen wasan, zai bar maka layar da ke ƙara wa fasahar makami ƙarfi. Wasu kan kashe shi tun da wuri don su sami ƙaramarta. Gaggawa ce da ba ta biya.

Wajen hawa mataki, basira za ka fi ba wa, ƙwarewa ta biyo baya, ƙarfi kuwa bar shi a 12. Riƙe sandar tsafi a hagu, tunda basirar da kake tarawa ita ma tana ci. Wanda ya riga ya zuba makinsa a wani fanni zai iya sake rabo a wurin sarauniya Rennala da ke makarantar tsafi ta Raya Lucaria, bayan ya kayar da ita, in yana da Larval Tear, abin da ake ba ta a madadin wannan aikin.

Akwai inda Moonveil ke yin sanyi. Ita Rennala ɗin da dodon Smarag da ke gadin mabuɗin makarantar suna da juriyar tsafi ƙwarai, gara ka dogara da saran ƙarfe da zubar jini a kansu. Mutanen lu'ulu'un nan da ake kira Crystalian kuwa kaifi ba ya kama jikinsu sai an fasa shi tukuna, don haka ajiye guduma ko kulki a jaka saboda su. In kuma kana son riƙe takobi biyu, haɗa shi da Uchigatana, wanda Samurai ke farawa da shi, sauran kuma za su same shi a kabarin Deathtouched a Limgrave. Moonveil na biyu sai a sabon zagaye bayan an gama wasan, ko wani ɗan wasa ya ajiye maka nasa ta intanet.