Fim marar labari: inda masu gwaji a Damagaram suka fi tuntuɓe

Kuskuren da na fi gani wurin matasanmu masu gwada gajeren fim marar labari shi ne zaton cewa tunda ba jarumi ba mugu, duk abin da aka haɗa ya zama fim. Sai mutum ya ɗauko duwatsun Birni, tsohuwar unguwar Damagaram, ya liƙa da ɗan kabu-kabu yana wucewa, ya juye launi, ya ce ai gwaji ne. Kafin minti ɗaya mai kallo ya gaji.

Wannan sinima ƙa'ida ce ke riƙe ta. A 1967 Michael Snow ɗan Kanada ya yi Wavelength: minti 45 a ɗaki ɗaya, kamera tana jawowa sannu-sannu har ta isa wani hoton teku da ke jikin bango. Kai ma kafin ka kunna portabul, wato wayar hannu, rubuta taka ƙa'idar a layi guda. Misali, bangon ƙasa ɗaya a Birni, daƙiƙa goma kowace awa, daga asuba zuwa magariba. Inuwa ce za ta yi tafiyar, kai ka tsaya. Kuma kada ka sauya shawara da azahar don ka hango wani abu mai kyau a gefe.

Nan ne waya ke cin amanar mutum. Tana gyara haske da kanta, sai hantsi da la'asar su fito iri ɗaya, abin da ka wuni a rana kana jira ya ɓace. Danna allon ka riƙe har hasken ya kulle. Ka jingina ta da bulo, ka yi alama a ƙasa don ka riƙa mayar da ita wurin.

Sauti kuma, abin yana ci mini rai. Mutum ya samu luguden taɓarya daga bayan katanga da kukan iskar hunturu, sai ya binne su da kiɗan da ya kwaso a intanet. Ka ɗauki sautin wurin daban, ka sa wa makirfo safa saboda iska.

Wajen montaj, wato yanka da haɗa hotunan, kwalliyar manhajar CapCut ta yi yawa. Norman McLaren, wanda Moustapha Alassane namu, mai shirya fim ɗan Nijar, ya koyi zane mai motsi a wurinsa a Kanada, da hannu yake zana wa fim, hoto 24 kafin a samu daƙiƙa ɗaya. Zaɓi dabara ɗaya wadda ƙa'idarka take bukata, ka cire sauran.

In kuma kasuwar Dole za ka ɗauka, ka yi sallama ka nemi izini tukuna, ko da hannun mai awo kawai zai fito.