Yadda nake karɓar mara lafiya a darensa na farko

Ƙanwata, idan an kawo miki sabon mara lafiya, fara da sallama kafin ki taɓa fayil ɗinsa. Ki kira shi Baba ko Malam, tsohuwa kuma Mama. Kada ki ce "mai gado na shida". Ki faɗi sunanki, ki ce ke ce nas ɗin dare.

Ja kujera ki zauna. Wanda aka tsaya masa a ka ba ya faɗin abin da ke damunsa. Ki tambaye shi a hankali ko ya sha jiƙo ko wani magani daga kemis kafin ya zo. A nan na fi daɗewa, domin idan kika ɗaure fuska zai ce a'a, alhali likita yana bukatar sani, musamman ga mai ciwon ƙoda ko hawan jini. Mai ciwon suga kuwa, ki tabbatar ko yana azumi kafin ki yi masa allurar insulin.

Ja labule kafin ki buɗe jikinsa, ki gaya masa allurar za ta yi zafi kaɗan. Mai jinya ma ki nuna mata inda za ta same ki idan ruwan da aka ɗaura masa ya kusa ƙarewa.