Yanda za ki gode wa babbar ƙawarki bayan ta sha wahalar bikinki

Amarya, kafin ki fara lissafin wa da wa za ki yi wa godiya, tsaya ki tuna mutum ɗaya tukuna, wadda tun ranar da aka tsayar da ranar biki wayarta ba ta huta ba, ita ce ta raka ki gwajin kaya sau ba adadi, ita ta yi faɗa da tela a madadinki, ita kike kira ƙarfe 1 na dare kina kuka kan abun da bai kai ya kawo ba kuma ta ɗaga. Babbar ƙawa kenan. Wani lokacin ma ba ƙawa ba ce, ƙanwarki ce ko yayarki. A bikin Yarima William da Kate a Landan a 2011, ƙanwar amarya Pippa Middleton ce ta riƙe wannan matsayin, duniya ta ganta tana biye tana riƙe da jelar rigar nan mai tsawon mita 2.7. To abun da kamara ke ɗauka kenan, riƙon riga. Sauran wahalar ba wanda ya gani sai ke.

Abu na farko, kuma wallahi shi ya fi kowace kyauta da za a naɗe a takarda: ki rage mata kashe kuɗi. Kayan da za ta sa ke kika zaɓa, kalar ke kika zaɓa, takalmi, gyaran gashi, kwalliya, kuɗin mota, katin waya da data na kiran mutanenki, duk daga aljihunta. Kar ki tambaye ta nawa ta kashe, ce miki za ta yi "haba dai, ba komai", ƙarya ne akwai komai. Ki zaɓi abu ɗaya kawai ki biya ba tare da shawara da ita ba, misali mai kwalliya ko ɗinkinta, sai ta je biya a ce mata ai an riga an biya. In daga nesa za ta zo, masauki ko tikiti ya fi komai.

Sai batun kyautar kanta, nan ne amare da yawa ke kuskure. Akwai irin kayan nan da ake bugawa da sunan amarya da ango da ranar biki, kofi, jaka, rigar wanka mai rubutu a baya. Suna kyau a hoto kam, amma ki faɗa wa kanki gaskiya, wannan kayan adon bikinki ne, ba kyautarta ba. Ni na taɓa zama babbar ƙawa, wata huɗu ina zirga-zirga, da aka tashi sallamata sai aka miƙo min kofi mai ɗauke da fuskar ango. Na yi godiya na karɓa, amma dan Allah ya zan yi da fuskar mijin wata kullum da safe? Yana can bayan kabad har yau. In za ki sa rubutu, sunanta ko harafin farko na sunanta za ki sa, shi ma ɗan ƙarami.

Hanya mafi sauƙi ta gano me take so ita ce ki koma hirarku ta waya ki dinga hawa sama. Za ki sha mamaki. A cikin watannin nan da kike ta zancen kanki, ta sha faɗin abubuwa a gefe kin wuce, jakarta ta tsage, cajin wayarta ba ya riƙewa, ta ga wani agogo ya burge ta, tana son fara koyon wani abu amma kuɗin rajista ya hana. Kyautar tana nan a ciki. Kuma ranar da ta buɗe ta ga abun da ta ambata sau ɗaya tak wata uku da suka wuce, fuskar da za ta yi ta ishe ki.

In kin tsaya kan sarƙa ko ɗan kunne, wanda shi ne yawanci ake bayarwa, ga abun dubawa. Azurfa ta gaske za ki ga an buga 925 a jikinta, galibi kusa da maɓallin. Zinare mai karat 18 ana buga masa 750, mai karat 14 kuma 585. Wanda aka shafa wa ruwan zinare kawai yana kyau da farko amma yana koɗewa, musamman in ana fesa turare a kai ko ana wanka da shi. Sannan ki lura ko fatarta na ƙin ƙarfe, mutane da yawa wani ƙarfe da ake kira nikel na sa musu ƙaiƙayi da ƙuraje, kuma kayan ado masu araha da dama akwai shi a ciki. Gara ɗan siririn abu na gaske da za ta sa shekara da shekaru da ƙaton abu da zai yi baƙi kafin ku gama raba hotuna. Ki duba wuyanta da kunnenta ma, in kullum fari take sawa kar ki kawo mata rawaya dan ke shi kike so.

Turare kuwa sai in kin san wanda take amfani da shi, kar ki yi caca. Ƙananan abubuwa irin fawa bank da silifas mai laushi na sauyawa in ƙafa ta gaji da dogon takalmi, waɗannan ki ba ta kafin biki dan su yi mata amfani a ranar, amma kar ki lissafa su a kyauta.

Yanzu wasiƙa. Na san za ki ce wa ke rubuta wasiƙa yanzu, to shi ya sa ma za ta yi tasiri. Da hannunki, a takarda, ba saƙon waya da zai nutse cikin ɗaruruwan saƙonnin taya murna ba. Kar ki tsaya kan "na gode da komai", kowa ma haka yake cewa. Ki kama abu biyu ko uku ki faɗe su da suna: ranar da ta bar aikinta ta zauna da ke awa biyar, ranar da kika yi mata tsawa ba laifinta ba ta yi shiru. Eh, kin yi, duk amare suna yi, kuma nan ne wurin da za ki ce ta yafe miki. Ki saka wani tsohon abu da ku biyu kaɗai kuka sani tun kafin ango ya shigo rayuwarki. Rubutunki ko kamar tafiyar kaza ne ba damuwa, ta saba da shi.

Lokacin bayarwa shi ma abun lura ne. Daren da za a wayi gari biki, ko da sassafe kafin mai kwalliya ta fara, dan in hawaye ya zo kar a ɓata aiki. Kuma ku biyu kawai. In nata ya fi na sauran ƙawaye, kuma ya kamata ya fi, kar ki miƙa a gabansu ki ja mata harara.

A ranar kanta ke ba za ki iya kula da kowa ba, dan haka tun kafin nan ki sa wani ya tabbatar ta ci abinci ta samu kujera, babbar ƙawa ita ce mutum ta ƙarshe da ke zama. Ki gaya wa mai hoto tun da wuri kina son hoto ke da ita kaɗai, in ba haka ba za ki duba hoto 600 ki tarar duk inda ta fito tana gyara miki riga ne ko tana riƙe da wayarki. In za a yi jawabin godiya, a kira sunanta.

Bayan biki kuma kar ki ɓace. Wannan ya fi ciwo, mutum ya saba da kira goma a rana sai kawai ɗif. Cikin sati biyun farko ki kira ta, kira ba saƙo ba, ki tambaye ta ita ya take, ki bar ta ta yi magana. Hotunan kuma in za ki tura ta WhatsApp ki tura su a matsayin fayil, dan in kin tura yanda aka saba yana matse su ingancin ya ragu. Wannan na ku biyun ki kai a wanke a sa a firam, ki rubuta kwanan wata a baya, ki kai mata da ƙafarki.