Babi na Biyar: Allurar Rigakafin Tarin Shiƙa

Darasi na 1

Tarin shiƙa shi ne tarin da yaro ke yi a jere babu numfashi, sai ya ja iska da ƙara, wani lokaci ya yi amai. Jariri kuwa ba lallai ya yi ƙarar ba, numfashinsa ne ke ɗaukewa, leɓɓansa su yi duhu. Jarirai ya fi kashewa.

Allurar rigakafinsa sunanta Penta. Ku rubuta a littafinku: P-e-n-t-a. A cinya ake yin ta, kyauta ne a asibitin gwamnati. Allura ce, ba ɗigon bakin shan inna da ake bi gida gida ba ne.

Sau uku ake yin ta. Ku faɗa da ƙarfi: sau uku.

Ta farko: sati 6 da haihuwa, wato kwana 42, kwana biyu bayan mai jego ta yi arba'in.
Ta biyu: sati 10.
Ta uku: sati 14.

Tsakanin kowace da mai bi mata sati 4 ne. Ku ɗauko katin yaro. Ku nemo layin Penta 1, ku sa yatsa. Ƙasa da shi Penta 2, sai Penta 3. Gurbin da babu kwanan wata, ba a yi ba ke nan. Idan ba ku gane ba, ba komai, ku sake dubawa a hankali. Gurbi nawa? Uku. Madalla.

A nan ne mutane ke tuntuɓe. A yi ta farko, yaro ya yi zazzaɓi, shi ke nan uwa ba ta koma ba, ko maigida ya hana. Haba jama'a! Allura ɗaya ba ta isa ta kare yaro ba. Kati yana ƙarƙashin katifa, gurbi biyu babu rubutu, wa kuke cuta? Idan ranar ta wuce, ku je ko da an makara. Ba a sake farawa, daga inda aka tsaya ake ci gaba. Sau nawa? Uku.

Darasi na 2

Zazzaɓi da ɗan kumburin cinya na kwana ɗaya ko biyu ba abin tsoro ba ne. A yawaita ba shi nono. Kada a murza wurin, kada a gasa da ruwan zafi. Idan ya yi jijjiga, ko kuka ya wuce awa 3 babu tsayawa, a mayar da shi asibiti.

Darasi na 3

Mura ba ta hana allura. Ku tafi da kati.