Kafin Ka Ɗauki Fim Ɗinka Na Farko

Duk yaron da ya same ni a Zoo Road, matattarar 'yan fim a Kano, da labari a hannu yana son zama darakta, tambayar da nake fara yi masa ita ce: gida nawa labarin nan zai ci? Daɗin labari sai daga baya. Ni ma na taɓa rubuta fim mai fada da dawakai da bikin naɗin sarauta, alhali abin da ke aljihuna ko abincin ma'aikata na mako guda ba zai saya ba. Har yau rubutun yana cikin akwati.

To ƙanena, tunda babu furodusa a bayanka, fara da lissafin abin da za ka samu kyauta ko da araha: gidan kawunka mai zaure da tsakar gida, shagon abokinka, adaidaita sahun maƙwabcinku. A kansu za ka gina labarin. Lokeshan uku, wato wuraren ɗaukar fim, da 'yan wasa biyar ko shida sun isa. Shafi ɗaya na rubutun fim yakan ba da kusan minti ɗaya a allo, don haka a fim mai dogon zango, kashi mai minti 25 shafi 25 ne. In ka gama, tara abokai su karanta maganganun da baki. Duk inda harshe ya sarƙe, ko ka ji dattijo yana magana kamar ɗan jami'a, gyara.

Ba a ɗaukar fim bisa jerin labari. Duk fitowar da ke gidan kawu, ko ta kashi na ɗaya ce ko ta na goma, a tattara a gama ta kafin a tashi. Nan ne mai kontiniti, wato mai lura kada kaya ko sutura su sauya daga fitowa zuwa fitowa, yake da rana. Na taɓa raina aikinsa, sai a teburin edita na ga jarumi ya shiga ɗaki da zanna bukar ya fito da dara. Kwana guda muka sake yi saboda hula.

Sauti kuwa, a nan zan tsaya. Mai kallo zai yafe maka hoto mai ɗan duhu, amma in bai ji magana ba zai wuce. Gara ka yi hayar ƙaramar kyamara da makirufo mai kyau. A kai janareta nesa da doguwar waya, a kashe fanka ko da gumi zai wanke kowa, a san lokacin da makarantar allo ta unguwar ke tashi da karatu. Fitowar waje a yi ta da hantsi ko bayan la'asar, ranar tsaka tana ƙona fuska.

Zamanin kai faifai Ƙofar Wambai ya wuce, yanzu yawancinmu fim mai dogon zango muke yi wa YouTube. Ba za su fara raba kuɗin talla da kai ba sai tasharka ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Kada ka saki kashi na farko sai kana da aƙalla shida a ajiye, domin in ka tsallake mako biyu masu kallo sun koma wani gida. Waƙar wani kuma kada ka saka ba izini, kuɗin kashin zai iya komawa gare shi.

In a Kano kake, Hukumar Tace Fina-finai da aka kafa a 2001 ita ce ƙofa: yi rajista, ka kai aikin a duba kafin ka ɗora. Mai hali ya je makarantar koyon fim ta ƙasa da ke Jos. Marar hali ya yi kamar ni, shekara uku ina riƙe wa wani darakta takarda.

Sai yarjejeniya. Ko ɗan ɗakinku ne jarumin, a rubuta kuɗinsa da kwanakin aikinsa da adadin kashin da zai fito, ku sa hannu gaban shaidu biyu, kowa ya riƙe kofi.