Yadda na rage wa WhatsApp sa ido a kaina

Ni tela ne a Zango, nan Damagaram. In salla ta matso, keke ba ya hutawa sai asuba. A irin wannan lokaci ne yayata da ke Agadas ta yi sati biyu tana fushi da ni, wai na buɗe saƙonta na yi shiru. Alamar nan shuɗiya guda biyu ce ta kai ƙarata. Na kwana ina jin kamar na yanke zumunci, alhali almakashi ne a hannuna.

In kai ma abin na damunka, fara da mutane kafin ka taɓa salula. Kira na kusa da kai ka ce: "Yaya, in kin ga shiru aiki ne, bayan isha'i zan kira." In ka rufe alamar ba ka faɗa ba, sai a ce wani abu kake ɓoyewa.

Sannan shiga Paramètres na WhatsApp, wato saituna, ka taɓa Confidentialité, wato ɓangaren sirri. Kashe Confirmations de lecture, shuɗin ya tafi. A nan kuma za ka ɓoye lokacin da ka leƙa na ƙarshe, har da alamar kana kan layi. Kai ma ba za ka ƙara ganin na wasu ba, kuma wallahi wannan ya fi yi mini amfani, don na daina tashi tsakar dare ina duba wa ya karanta bai amsa ba. A gurup dai alamar na nan, mai saƙo zai ga ka karanta.

Duba Appareils connectés, wato jerin na'urorin da aka haɗa da WhatsApp ɗinka. Wanda ya riƙe wayarka a buɗe minti ɗaya, ko a wurin caji ko wurin gyara, yana iya haɗa ta da kwamfutarsa ya riƙa karanta hirarka. In ka ga na'urar da ba ka sani ba, fitar da ita nan take, ka sa lambar sirri ta mataki biyu, mai lamba 6.

Abin da ya fi wuya shi ne fada. Mu takwas muke zama kan tabarma, shayi na tafasa, kowa ya sunkuyar da kai, ba mai cewa uffan. Yanzu da na zauna sai in kife wayar a ƙarƙashin hulata har a sha kofi na uku. Mutum biyu sun fara yin haka. Ranar Juma'a kuma, da an sauko daga masallaci, nakan kira Yaya mu gaisa baki da baki.